Babi na Biyar: Saura Ƙiris Ya Zama Mutum

Me ya sa yaro zai zauna gaban Tom da Jerry yana ƙyalƙyala dariya, ana narka wa kyanwa guduma ta baje a ƙasa ta miƙe garau, amma a kunna masa fim ɗin kwamfuta da aka zuba wa miliyoyin daloli don mutanen ciki su fito sak, sai ya laɓe bayan uwarsa? Manya ma ba su tsira ba. Duk wanda ya taɓa zama a shagon da matasa ke buga ƙwallon kwamfuta ya san abin da ke faruwa in an ci ƙwallo aka matso da fuskar ɗan wasan. Askin nasa ne, hancin nasa ne, har gumi an ɗora masa a goshi. Amma da ya buɗe baki yana murna, sai ka ji wani daga baya ya ce, "Kai, wannan ai gawa ce ke dariya."

A hankalce, akasin haka ya kamata a gani. In kama ce ke sa a saki jiki, to duk yadda zane ya ƙara kama da mu, ya kamata mu ƙara sakin jiki da shi. Kuma haka ɗin yake tafiya, har zuwa wani wuri. Daga wurin nan ne lissafin ke juyewa.

Kwarin da Mori ya zana

A shekarar 1970 wani masanin ƙera mutum-mutumi ɗan ƙasar Japan, Masahiro Mori, malami a Cibiyar Fasaha ta Tokyo, ya rubuta 'yar gajeriyar maƙala a wata mujalla mai suna Energy. Bai tara mutane ya yi musu gwaji ba. Abin da ya daɗe yana lura da shi ne ya zauna ya zana a layi guda.

Layin ya fara ne daga ƙasa, wurin injin masana'anta mai hannun ƙarfe. Ba ya kama da kowa, ba kuma wanda ke jin komai game da shi. Sai layin ya hau tudu: mutum-mutumin wasan yara mai kai da hannuwa, 'yar tsana mai laushi da yaro ke rungumewa ya yi barci. Kama tana ƙaruwa, so yana ƙaruwa. Ana dab da kaiwa ga cikakken mutum sai layin ya rufta, ya wuce inda ya faro, ya nutsa can ƙasa, kafin ya sake hawowa ya tsaya kan lafiyayyen ɗan Adam. Wannan ramin da ke tsakanin "ya yi kama" da "shi ne" za mu riƙa kira kwarin ɗari-ɗari, domin abin da mutum ke yi da duk abin da ya faɗa ciki ke nan.

Misalin da Mori ya fi tsayawa a kai shi ne hannun roba da ake sa wa wanda ya rasa hannu. An yi shi da launin fata, da farce, da jijiyoyi, har da zanen yatsu. Ka miƙa hannu ku gaisa ba ka sani ba, sai ka ji shi da sanyi, laƙwas, ba ƙashi. Gabanka zai faɗi. Da hannun ƙarfe ne tsirara, da tun daga nesa ka san abin da za ka taɓa.

Ya ƙara da wani abu da ya zo ya zame wa 'yan fim ƙarfen ƙafa: motsi yana zurfafa kwarin. Gawa a kwance tana can ƙasa, amma gawar da ta motsa ta fi ta nutsewa. Ya kuma kawo labarin wani mutum-mutumi da aka ƙera wa fuska mai iya murmushi. In aka rage saurin murmushin zuwa rabi, sai ya tashi daga fara'a ya koma wani abu mai tayar da tsikar jiki. Leɓɓa ɗaya, siffa ɗaya, lokaci kawai aka taɓa.

Maƙalar ta yi shekaru kusan a kwance. Sai a 2012 aka fitar da cikakkiyar fassararta ta Turanci da amincewar mai ita. Kafin nan kamfanonin fim na Amurka da Japan sun riga sun auna zurfin kwarin da kuɗinsu.

Waɗanda suka rufta

Kamfanin Pixar ya ɗanɗana da wuri. A 1988 ya fitar da wani gajeren fim, Tin Toy, labarin wani abin wasa na gwangwani da jariri ke bi da rarrafe. Fim ɗin ya ci lambar yabo ta Oscar, amma abin wasan ne ya shiga ran mutane. Jaririn, wanda aka so ya zama abin sha'awa, ya fito da fata kamar ta roba da fuska mai ban tsoro. Ba mamaki da kamfanin ya tashi yin dogon fim ɗinsa na farko a 1995, Toy Story, kayan wasa ya sa a gaba. Kwamfutar lokacin komai ta zana sai ya fito kamar roba, don haka suka ba ta labarin roba.

Wasu kuwa suka ce sai sun haye. A 2001 kamfanin Square na Japan, wanda ya yi suna da wasannin kwamfuta, ya fitar da Final Fantasy: The Spirits Within daga wani sutudiyo da ya gina a Honolulu. Jarumar fim ɗin, Aki Ross, an yi mata silin gashi wajen 60,000, kowanne kwamfuta na lissafa yadda zai kaɗa. A hoto tsayayye za ka rantse mace ce. Da ta fara magana sai abin ya watse. An kashe kimanin dala miliyan 137, aka samo wajen miliyan 85, sutudiyon ya rufe. Gaskiya labarin fim ɗin ma bai taimaka ba, don haka kada a ɗora wa fuska laifin duka.

Gwajin da ya fi fito da abin fili ya zo ne a watan Nuwamba na 2004, kamar da gangan. Cikin mako guda aka saki finafinai biyu. Ɗaya shi ne The Polar Express na Robert Zemeckis, labarin yara a cikin jirgin ƙasa, inda aka manna wa Tom Hanks ɗigo-ɗigo masu ƙyalli fiye da ɗari a fuska, kyamarori suka kwashe motsinsu, kwamfuta ta ɗora wa mutanen da aka zana. Ɗayan shi ne The Incredibles na Pixar, wanda uban iyalin da ke ciki ke da ƙirji kamar ƙofa da 'yan ƙafafu ƙanana, 'yarsa kuma idanunta sun kusa cinye fuskar. Ba wanda ya ce iyalin Incredibles sun ba shi tsoro. Yaran cikin jirgin ƙasan Zemeckis kuwa, masu sharhi suka yi ta cewa idanunsu a mace suke. Fim ɗin bai faɗi ba, har yau ana nuna shi lokacin Kirsimeti, amma sunansa ya zama abin misali. Salon ya ci gaba har zuwa Mars Needs Moms a 2011, wanda ya laƙume dala miliyan 150 bai dawo da ko miliyan 40 ba.

Inda asiri ke tonuwa

Ido ne wuri na farko, kuma dalilin a The Polar Express mai sauƙi ne: ana iya manna ɗigo a goshi da kumatu da haɓa, amma ba a manna shi a ƙwayar ido. Saboda haka fuskar ta ɗauko motsin ɗan wasa na gaske, idanun kuma sai da masu zane suka ƙirƙiro su daga baya. Ga shi idon mutum ba ya zama wuri guda. Yana tsalle daga nan zuwa can kamar sau uku a kowace daƙiƙa, ko da mai shi yana ganin ya kafe abu da kallo. In kana magana da mutum, idonsa na yawo tsakanin idonka na dama da na hagu da bakinka, yana kaucewa in yana neman kalma, yana dawowa in ya same ta. Yana ƙiftawa sau 15 zuwa 20 a minti, kuma ba a tsare kamar agogo ba. Sau da yawa ƙiftawar na faɗowa ne a ƙarshen magana ko wurin juya kai. Fatar ido tana bin ƙwayar in ta yi ƙasa. Saman idon jiƙe yake, yana kama hasken ɗakin. Sannan idanu biyun suna haɗuwa a kan abu guda. In mai zane ya kuskure wannan da ɗan kaɗan, sai ka ga fuskar tana fuskantarka amma kallon ya ratsa ka ya wuce, irin kallon da muka sani a wurin wanda ya suma.

Ba mai kallon da ke zama ya lissafa waɗannan. Ka tambaye shi me ya gani, iyakarsa ya ce, "Ni dai ban yarda da shi ba." Ya gani sarai, bayanin ne bai iya ba.

Sai murmushi. Tun 1862 wani likita Bafaranshe, Duchenne, ya wallafa hotunan gwajin da ya yi yana jona wa fuskar mutane 'yar wutar lantarki don ya ga aikin kowace tsoka. Ya gano cewa ana iya ja wa mutum baki ya yi siffar murmushi, amma na gaskiya sai tsokar da ta kewaye ido ta shiga, kumatu su tashi, gefen ido ya tattare. In babu wannan, abin da ya rage shi ne yaƙe. Fuskokin kwamfuta na farko kusan duk yaƙe suke yi, domin baki yana da sauƙin motsawa, amma 'yan ƙananan tattarar da ke kewaye da ido ba sa kamuwa. Mu da muke cewa labarin zuciya a tambayi fuska, me za mu yi da fuskar da rabinta ke ba da labari ɗaya, rabin kuma ya yi gum?

Fata ma tana da nata sirrin, kuma kana iya gwada shi yau da dare. Kunna tocila ka rufe bakinta da yatsunka. Za ka ga gefen yatsun ya yi ja. Haske ba ya tsayawa a saman fata ya koma. Yana shiga ciki, ya yi yawo cikin nama da jini, ya fito ta wani wurin da launinsa ya sauya. Shi ya sa kunne ke yin ja in rana tana bayan mutum. Kwamfutocin farko suna ɗaukar fata kamar bango mai fenti, sakamakon kuwa mutum ya fito kamar an sassaƙa shi da kakin zuma. Sai a 2001 Henrik Wann Jensen da abokan aikinsa a Jami'ar Stanford suka fitar da hanyar lissafa wannan yawon haske cikin sauƙin da masu fim za su iya amfani da shi.

Alƙali biyu a kai ɗaya

Duk wannan ya nuna inda kuskuren yake. Bai faɗi dalilin da kuskuren ke tayar da hankali ba. Ai Tom da Jerry ma idanunsu ba sa yawo irin namu, fatarsu ba ta shan haske. Me ya sa su muka yafe musu?

Saboda ba su taɓa cewa su mutane ne ba. Kai ka ce alƙali biyu ne a kan ɗan Adam. In aka kawo zane, alƙali mai sassauci ke zama. Ɗigo biyu da layi a ƙasa sun ishe shi ya ce fuska ce, sauran ya cike da kansa. Shi ne ma ke ganin fuska a gaban mota. Amma da zarar abin ya zo da ramukan fata da gashin gira ɗai-ɗai, sai a miƙa shari'ar ga ɗaya alƙalin, wanda tun muna jarirai yake nazarin fuskoki, wanda ke gane cewa maigida ya dawo da ɓacin rai tun kafin ya yi sallama. Wannan ba ya yafiya. Kowane ƙarin kama alkawari ne, shi kuma sai ya bi ya ga an cika.

Ba sai mun je Japan ba kafin mu san irin wannan tsoron. Tuna labarin da ake bayarwa na mutumin da ya haɗu da kyakkyawar mace a hanya da dare, suka jera suna hira, komai nata daidai, har ya sunkuyar da kai ya ga kofato a inda ƙafa ya kamata ta kasance. Dodon tatsuniya mai gashi buya-buya yara ma suna kwaikwayonsa suna dariya, don tun daga nesa an san ko wane ne. Mai kofato kuwa ta riga ta samu yardarka kafin asirinta ya tonu. Abin da ke kaɗa hanjin mai sauraro shi ne daɗewar da aka yi ana jerawa da ita.

Masu bincike sun zo sun auna abin da Mori ya hango. A 2009, a Jami'ar Princeton, Asif Ghazanfar da Shawn Steckenfinger suka nuna wa birai fuskoki iri uku: hotunan birai na gaske, zanen kwamfuta da bai yi kama sosai ba, da zanen kwamfuta da ya kusa zama sak. Biran sun fi saurin ɗauke kai daga na ukun. Biri bai taɓa shiga silima ba, bai ji labarin aljana ba, don haka abin ya girmi al'ada. Bayan shekara biyu Ayse Saygin ta Jami'ar Kalifoniya da ke San Diyego ta sa mutane cikin na'urar ɗaukar hoton ƙwaƙwalwa, ta nuna musu bidiyon wata mata tana ɗaga hannu da sauran 'yan motsi, da na mutum-mutumin da aka ƙera da kamanninta yana yin irinsu, da na wannan mutum-mutumin bayan an tuɓe masa fata ya rage ƙarfe da wayoyi. Matar ba ta wahalar da ƙwaƙwalwa ba, ƙarfen tsirara ma haka. Mai fatar mutum da motsin inji shi ya sa ta aiki tuƙuru, kamar wadda ta yi hasashe ya ƙi fitowa.

Akwai masu cewa tushen abin gudun cuta ne: fata ɗashe, ido a kafe da motsi a sandare alamomin mara lafiya ne ko mamaci, kuma kakanninmu da suka ja da baya daga irin wannan su suka rayu. Akwai ƙamshin gaskiya a nan. Amma a ganina bayanin saɓani ya fi kama hankali, domin shi ke bayyana abin da masu zane ke gani kullum a bakin aiki: in ka gyara fata ka bar ido, fuskar ƙara muni take yi. Ba kusancin ne laifin ba, rashin tafiya tare ne. Kama da wane ba ta wane, kuma ƙwaƙwalwa ta fi kowa riƙo da wannan.

Ja da baya, ko ratse, ko tsallake

Mafita mafi arha ita ce a tsaya kan tudu kada a gangara. Waɗanda suka yi Shrek a 2001 sun faɗa da bakinsu cewa sai da suka rage wa Gimbiya Fiona kama da mutum, don ta fara fita daga sahun sauran. Kusan duk katun ɗin kwamfuta da ya yi kasuwa tun daga nan haka yake: manyan idanu, ƙaramin hanci, fata sumul. Wanda ya manta kuwa 'yan kallo na tuna masa. A watan Afrilun 2019 aka saki tallan fim ɗin Sonic, bushiyar nan shuɗiya ta wasan kwamfuta, an yi mata haƙoran mutum da dogayen ƙafafu masu tsoka. Aka yi ca a intanet, har kamfanin ya ɗage fim ɗin da wata uku ya mayar da ita siffar katun, kuma da ya fito ya yi kasuwa. Masu Cats, wanda ya fito a Disambar shekarar da fuskokin mutane a jikin kyanwoyi, ba su ja da baya ba, suka sha dariya da asara.

Wata dabarar ita ce a ratse gefe, a yi halittar da ba mu da ma'auninta. Gollum na The Lord of the Rings, wanda Andy Serkis ya yi wa motsi da murya a 2002, yana da fata mai shan haske da idanu masu rai, amma ba wanda ya taɓa ganin Gollum na gaske balle ya ce an yi kuskure. In ya ba ka ƙyama ma, haka labarin ke so. Mutanen Avatar na 2009 shuɗaye ne masu idanun mage, kuma a nan an ɗaura wa kowane ɗan wasa 'yar kyamara a gaban fuska tana ɗaukar har motsin ƙwayar ido, wato an toshe ɓarakar da ta kayar da The Polar Express.

Masu ƙarfin hali su ne masu neman tsallakewa gaba ɗaya. A The Curious Case of Benjamin Button na 2008, kusan minti 52 na farko kan tsohon da ake gani na kwamfuta ne, an gina shi daga fuskar Brad Pitt, kuma mafi yawan 'yan kallo ba su lura ba. Sun ci sa'ar abu guda: ba wanda ya san yadda Brad Pitt zai kasance a tsufa. Da Paul Walker ya rasu a haɗarin mota a 2013 ana tsakiyar ɗaukar Furious 7, 'yan'uwansa biyu suka tsaya a madadinsa aka ɗora musu fuskarsa, aka kuma yi hikimar gajarta fitowar da rage magana. Rogue One na 2016 kuwa ya dawo da Peter Cushing, wanda ya rasu tun 1994, ya tsayar da shi gaban kyamara yana dogon jawabi. Nan kan 'yan kallo ya rabu. Wasu ba su ga komai ba, wasu suka ce bakin ne ke motsi shi kaɗai. Wata tambayar ma ta taso wadda ba ta fasaha ba ce: wa ya nemi izinin mamacin?

Kwarin dai yana cikewa, kuma daga ɓangaren hoto tsayayye ya fara. A 2022 Sophie Nightingale ta Jami'ar Lankasta da Hany Farid na Jami'ar Kalifoniya da ke Bakli suka gauraya hotunan mutane na gaske da fuskokin da ƙirƙirarriyar basira ta haɗa, na mutanen da ba a taɓa haifa ba, suka ce a rarrabe. Masu amsawa ba su fi mai canke ba. Da aka tambaye su wa suka fi amincewa da shi, fuskokin bogin suka ɗan ɗara na gaske. Ke nan alƙalin nan mai tsanani ya fara sa hannu a kan takardar jabu. Yadda inji ya koyi haɗa fuskar da ba ta tayar da tsikar jiki, da abin da ke biyo baya in aka sa wa fuskar muryar shugaban ƙasa ko ta ɗan'uwanka aka turo maka ta WhatsApp, shi za mu duba a babi na gaba.